Injin fetur, sola ko bohol mai zurfi: wanne ya dace da kai in ruwan garkarka ya fara gudu ƙasa?

Tun da anka cire tallafin mai a ƙarshen watan Mayun 2023, duk majalisar manoman rani da ka zauna, daga Kwalkwalawa har Wurno da Goronyo, zancen bai wuce ɗaya ba, a sayi sola ko a ci gaba da lallaɓa injin fetur, masu ɗan ƙarfi kuma su ce a bar wahalar tubwel, wato gajeriyar rijiyar fayif, gaba ɗaya a kira masu mota su haƙa bohol mai zurfi a zura sumo, famfon da ke zama can cikin ruwa, a huta. Kusan kowa lissafin kuɗin mai kurum yake yi, kuma ban ga laifinsu ba, litar da ake saye ƙasa da naira 200 ta haye 500 cikin 'yan kwanaki, kafin ƙarshen 2024 ta wuce dubu. Amma ni a ganina akwai tambayar da ta riga wagga: a ƙarshen watan Afrilu, mita nawa ne daga bakin rijiyarka zuwa saman ruwa? In ka san amsar, rabin zaɓin ya ƙare. In ba ka sani ba dillali ne zai zaɓa maka, shi kuwa abin da ke shagonsa zai sayar.

Ruwa iri biyu ne a ƙarƙashinmu. Akwai na sama, ruwan fadama, wanda ke kwance cikin yashin da gulbin Rima da gulbin Sakkwato sunka shimfiɗa shekara da shekaru. Shi ne ruwan da tubwel da woshbo, wato rijiyar fayif da ake haƙawa da ƙarfin ruwa, ke ja, irin rijiyoyin da sunka yaɗu lokacin shirin Fadama na farko na Bankin Duniya daga wajen 1993, da anka fara jingine jigo ana komawa ƙaramin inji. Wanga ruwa duk shekara yana cikowa, in an yi damina mai kyau gulbi ya batse ya malale fadama. To amma ruwan saman da muke samu nan wajen milimita 600 zuwa 700 ne a shekara, cikin wata huɗu, sannan ga madatsun ruwa a sama da mu. Bakolori da anka gama a 1978 da Goronyo da anka gama a 1984 sun canza yadda gulbi ke tafiya, ambaliyar da ke jiƙa fadama mai faɗi ta ragu, in ban da shekarun da abin ya fi ƙarfin dam kamar 2010, sai dai kuma ruwan da ake saki da rani yana taimakon rijiyoyin da ke kusa da bakin gulbi. Ma'ana mai garka a gefen Rima ruwan rijiyarsa yana da alaƙa da abin da ke cikin Goronyo ko ya sani ko bai sani ba. A 2018 dam ɗin nan mai ɗaukar ruwa kubik mita miliyan 942 ya sauka zuwa wajen kashi 10 cikin 100, har ruwan famfon cikin gari ya shiga matsala. Wanda bai yarda ruwa na ƙarewa ba ya tambayi dattawan Illela yadda tafkin Kalmalo yake a da.

Sai ruwa na biyu, na can ƙasa, cikin shimfiɗun ƙasa da dutse da masana sunka raɗa wa sunayen garuruwanmu, Gwandu, Kalambaina, Wurno, Taloka, Gundumi. Wani yanki ne na babban kwarin Iullemmeden da muke tarayya a kansa da Nijar da Mali. Yana da yawa, amma mai zurfin cikinsa tsohon ruwa ne, a hankali ƙwarai yake cikowa. Na sama kamar hatsin da kake nomawa duk damina ne, na ƙasa kuwa rumbun gado ne, in ka ɗiba ba lallai damina mai zuwa ta mayar maka ba.

To mu fara da injin fetur tunda shi kowa ya sani. Alherinsa a fili yake. Kuɗin saye da sauƙi, ka ɗaure shi a bayan mashin ka kai garka da safe ka dawo da shi gida da yamma, ba ka bar wa ɓarawo komi ba, in ya lalace kowane ƙauye akwai bakanike, kayan gyaransa kuma har a kasuwar ƙauye ana samu. Ƙarfin ruwansa ma ba wasa ba, inji mai inci uku in rijiya na da ruwa cikin ɗan lokaci zai cika maka fangali, kuma kai ke zaɓar lokaci, ko da asuba ko bayan la'asar sa'ad da rana ba ta shanye rabin ruwan a hanya. Waɗanda sunka sauya masa kafireto sunka koma tukunyar gas ta girki da yawansu sun ce sun samu sauƙi a kan fetur, duk da shi ma gas ɗin farashinsa ba ya zama wuri ɗaya, kuma sai ka je gari ka cika.

Amma injin nan yana da iyaka wadda babu bakaniken da zai iya gyara ta. Zuƙo ruwa yake yi daga sama, kuma duk injin da ke zuƙa, ko na wane kamfani ne, ko da a takarda bai iya ɗago ruwa daga zurfin da ya wuce mita 10 da ɗoriya, a aikace kuwa daga mita 7 zuwa 8 ya gama. Tun kafin a kai nan ma ruwan da yake bayarwa raguwa yake yi, ka ƙona mai iri ɗaya ka samu rabin ruwa. Duk wanda ya yi rani ya san alamar. Ka cika kan injin da ruwa, ka ja igiya, ya tashi, tiyo ya kumbura ya kawo ruwa na minti kaɗan sai ya fara tari, ruwa da iska da yashi suna fita a guntu-guntu, sautin injin ya canza ya koma sama kamar ba ya ɗauke da kaya. Ka kashe ka zauna inuwa ka jira rijiya ta taru. Daga nan sai a ɗauko shebur a haƙa rami kewaye da bakin fayif a saukar da injin ƙasa kamar tsawon mutum, a yanke fayif ɗin, a ci ribar mita ɗaya da rabi ko biyu. Dabara ce mai aiki, amma in bana ka haƙa, baɗi ka ƙara zurfin ramin, to ba injin ne ke tsufa ba. Kuma don Allah a kiyayi hayaƙi, kar mutum ya daɗe cikin rami inji na aiki, hayaƙin nan na kisa.

Wani abin da ba a cika faɗi ba shi ne tsadar fetur, duk da zafinta, ita ce birkin da ke hana mu wuce gona da iri. Mai sayen lita da kuɗinsa ba zai bar inji na zuba ruwa ya tafi sallar Juma'a ba.

Sola mai zama a bakin rijiya, wato faranti da ƙaramin famfo a kan tubwel ɗinka na da, ita ce mutane sunka fi rububi yanzu. Rana dai Allah ya hore mana ita a Sakkwato har ta yi yawa. In ka biya kuɗin farko, wanda ya ninka na injin fetur sau da yawa, ka rabu da layin gidan mai, kuma faranti mai kyau kan yi shekara ashirin ko fiye, abin da ke saurin mutuwa shi ne famfon da akwatin kwantirola, musamman irin na araha da ba a san asalinsu ba. Ruwanta bai kai na injin fetur ƙarfi ba, a hankali take bayarwa daga hantsi zuwa la'asar, kuma abin mamaki wanga rashin ƙarfi yakan zama alheri ga rijiya mai rauni, domin rijiyar da injin fetur ke ƙafar da ita cikin rabin awa tana iya jure ɗan ja kaɗan-kaɗan yini guda. Matsalolinta su ma a sani. Lokacin hunturu da hazo ya rufe sama ƙarfinta na sauka, ƙura na kwantawa a kan faranti sai ana gogewa kusan kullum, kuma tsakar rana take da ƙarfi, daidai lokacin da ban ruwa ya fi asara, sai in za ka gina kwatarniya ko tanki ka tara ka saki da yamma. Ga ɓarayi. Faranti ba abin da za ka kwance ka ɗora a mashin kullum ba ne in suna da yawa, a wuraren da ake fama da rashin tsaro kamar gabashin jiha kuwa wanga kaɗai ya isa ya sa mutum ya sake tunani.

Abin da nake so a riƙe shi ne in famfon solar na zuƙa ne daga sama, iyakar mita 7 zuwa 8 ɗin nan tana kansa shi ma. Mutum ya sayar da sa ya sayi sola don rijiyarsa na ƙafewa, ya magance abin da ba shi ne ciwon ba. Akwai ƙananan sumo masu aiki da sola da ake zurawa cikin rijiya, su ba ruwansu da wagga iyaka tunda turo ruwa suke yi daga ƙasa, amma sai fayif ɗin rijiyar ya kai faɗin da za su shiga, yawanci inci huɗu, woshbo ɗinmu kuwa da yawansu sirara ne, kenan sabuwar rijiya za ka yi.

Sannan ga hatsarin da ya fi damuna. Da sola ruwa ya zama kamar kyauta, kuma abin kyauta ba a auna shi. Mai eka ɗaya zai buɗe ta biyu, mai albasa zai ce bari in gwada shinkafa, wani ya fara sayar wa maƙwabta ruwa, famfo na aiki tun hantsi har la'asar. Kowace rijiya in ana ja, ruwan da ke kewaye da ita na lotsawa, in rijiyoyi sun matsu da juna sai lotsawar ta haɗe, mai rijiya mafi gajarta shi ke fara shan iska. Rigimar da ke tafe a fadamunmu kenan in ba a yi hattara ba, kuma tsakanin 'yan uwa da surukai za a yi ta.

Bohol mai zurfi da sumo shi ne mafarkin kowa, ruwa ko a watan Mayu, ko a kan tudu nesa da gulbi. Gaskiya ne, bohol ɗin da anka haƙa da kyau a wurin da ya dace ba ya damuwa da ko Goronyo ta cika ko ba ta cika ba. Amma a yi lissafi. Ƙarfin da ake buƙata don ɗago ruwa yana tafiya da zurfi kai tsaye, ruwan da ka ɗago daga mita 40 ya ci ƙarfi kusan ninki bakwai na wanda ka ɗago daga mita 6, don haka faranti da yawa, sumo babba, waya mai kauri, ga kuɗin haƙa da kesin, wato fayif ɗin da ke riƙe bangon rijiya, da tsakuwa. Ko da an kashe duk wannan, bohol na gidaje irin wanda munka saba gani ruwan sha da girki yake bayarwa, ba ruwan da zai riƙe hekta guda ta shinkafa ba. Ga kuma ingancin ruwan, akwai wuraren da ruwan ƙasa ke fita da zartsi ko tsatsa, ka yi shekara biyu uku kana ban ruwa da shi sai ka ga farin gishiri na fitowa a bakin fangali, ganye na ƙonewa daga baki. Sumo kuma ba ya son yashi, ba ya son aiki babu ruwa, in ya ƙone sai an zaro shi an kai gari, a wannan makon tumatirinka ya gama yaushi.

Waɗanda sunka riga mu bin wagga hanya sun nuna inda take kaiwa. A jihar Punjab ta Indiya gwamnati ta ba manoma lantarki kyauta tun 1997, anka duƙufa noman shinkafa da alkama da ruwan rijiya, ruwan ƙasa ya yi ta sauka har injinan zuƙa sunka daina aiki, kowa ya koma sumo, mai kuɗi ya ƙara zurfi, ƙaramin manomi ya ci bashi ko ya koma sayen ruwa. Sai da ta kai a 2009 anka kafa doka ta hana dashen shinkafa kafin wani lokaci cikin watan Yuni don a jira damina. Saudiyya ma da duk kuɗinta ta noma alkama da ruwan ƙasa har tana fitarwa waje, a 2008 ta yanke shawarar janyewa a hankali, zuwa 2016 ta daina sayen alkamar gida saboda ruwan. Mu ba mu kai can ba, ruwan fadamarmu na cikowa duk shekara, amma hanyar iri ɗaya ce, ruwa mai araha da amfanin gona mai ƙishirwa.

Wanga ya kawo mu ga abin da kake shukawa, don ni ban ga yadda za a zaɓi inji ba a yi wanga zance ba. Milimita ɗaya ta ruwa a kan hekta ɗaya lita 10,000 ce. Albasa na buƙatar wajen milimita 350 zuwa 550 daga dashe zuwa cira, alkama 450 zuwa 650. Shinkafar rani kuwa da ake tsare mata ruwa a fangali, in ka haɗa da abin da ke tsiyayewa ƙasa da wanda rana ke sha, da wuya ta tsaya ƙasa da milimita 1,000, a ƙasa mai yashi ta wuce haka nesa. Wato lita miliyan 10 a hekta guda, jarka mai lita 25 har 400,000. Ba yawan kaɗai ba, har da lokaci. Alkamar da anka shuka a Nuwamba tana isa girbi a Maris, albasa da tafarnuwa irin na Wurno da Goronyo da Gada su ma yawanci sun tashi kafin zafi ya kankama. Shinkafar da anka dasa a Janairu ko Fabrairu kuwa tana ɗaukar ciki tana fidda kai ne cikin Afrilu, zafi ya haura digiri 40, ruwan rijiya ya kai ƙarshen saukarsa, kuma a daidai wannan mataki in ta sha ƙishirwa ƙaiƙayi za ka kwasa. Tun da anka ƙaddamar da shirin bashin manoman shinkafa na Babban Banki a Kabi a 2015 mutane da yawa sunka koma shinkafar rani, har a wuraren da iyayenmu ba su taɓa yi mata sha'awa ba, su kuwa ba don ba su san daɗin tuwonta ba ne.

In dai sai ka yi shinkafar, akwai dabarar da ba ta cin kuɗi. Ka samu guntun fayif na roba tsawon santimita 30, ka huda rabinsa na ƙasa, ka kafa shi cikin fangali ka kwashe ƙasar cikinsa. Ba ka sake ban ruwa sai ruwan cikin fayif ya sauka santimita 15 ƙasa da doron ƙasa, in ban da makonnin farko bayan dashe da lokacin fure, waɗannan a bar mata ruwa. Masu binciken shinkafa sun nuna ana iya rage ruwa har kusan kashi 30 cikin 100 ba tare da amfanin ya ragu ba. Kuɗin mai ma haka zai ragu.

To ga yadda nake ganin zaɓin. In garkarka na kusa da gulbi, ruwa bai taɓa wuce mita 5 ko 6 ba har ƙarshen rani, tubwel ɗinka ya ishe ka, kar wani ya ruɗe ka da bohol. Mai hali ya sa ƙaramar sola, amma ya ajiye tsohon injinsa kar ya sayar, don ranar hazo da ranar da kwantirola ta mutu. Marar hali ya koma gas ya gyara kwalbatinsa da tiyonsa, ruwan da ke zubewa tsakanin rijiya da fangali ya fi yadda muke zato. In kuwa kana cikin masu haƙa wa inji rami duk Maris, ruwa na wasa tsakanin mita 7 da 9, kai ne ya kamata ka fi kowa nutsuwa kafin kashe kuɗi. Solar zuƙa ba za ta cece ka ba. Ko dai ka yi sabuwar rijiya mai inci huɗu ka sa ƙaramin sumo, ko kuma, wanda na fi so, ka yi shukarka da wuri ka bar shinkafa ga masu bakin gulbi da masu kanal na Middle Rima, shirin ban ruwan da ke ƙasan dam ɗin Goronyo, ka yi albasa ko alkama ko tafarnuwa ka tashi kafin ruwan ya gudu. Bohol mai zurfi ban ba mutum ɗaya mai eka ɗaya shawararsa ba sam. Na ƙungiya ne, mutum biyar ko goma, da tanki, da abin da zai biya kuɗinsa kamar kayan miya ko itatuwan marmari, in da hali da tiyo mai ɗigo, kuma a rubuta tun farko wa ke da ruwa wace rana da wa zai biya gyaran sumo, a gaban mai gari.

Awon ruwan ba ya buƙatar injiniya. Igiya ce da ƙaramin ƙarfe ko kwaɗo a bakinta, ka ƙulla alama a kowace mita, ka zura cikin fayif da sassafe kafin a tada inji har ka ji ya taɓa ruwa, ka rubuta a littafi ko a waya. Ka yi haka farkon kowane wata daga Nuwamba zuwa Mayu, sannan wata rana ka auna nan take bayan ka kashe inji, ka duba minti nawa rijiyar ke ɗauka kafin ta dawo inda take. In ka lallashi maƙwabtanka biyu uku su ma su yi, za ku ga ko matsalar ta rijiya ɗaya ce da yashi ya toshe, wadda wankewa kurum take so, ko ta fadamar ce baki ɗaya. Mai haƙa bohol kuma kafin ka ba shi kafin alƙalami ya nuna maka wanda ya haƙa kusa da kai, ka je da kanka cikin Afrilu ka ɗanɗani ruwan, ka riƙe agogo ka ga minti nawa yake cika durom, kuma ku yi yarjejeniya sauran kuɗinsa sai an tada famfo ya yi awanni yana zuba a gabanka ruwan bai yanke ba.